Zagayen Monument Valley da ɗan jagoran Nabaho: na awa ɗaya da rabi ko na awa biyu da rabi?

Duk wanda ya isa cibiyar baƙi ta Monument Valley, wani kwari mai manyan jajayen duwatsu, a kan iyakar jihohin Arizona da Yuta a kudu maso yammacin Amurka, zai tarar da rumfunan masu jagora a gefen filin ajiye motoci, kowa da allon farashinsa. Akwai zagayen awa ɗaya da rabi, akwai na awa biyu da rabi, akwai na awa uku da ake kamo fitowar rana ko faɗuwarta, har da na rabin yini zuwa Mystery Valley da na kwana a saman Hunts Mesa. Gajerun ne zan yi magana a kansu, kuma gara in faɗi hukuncina tun yanzu: in dai za ka ciro kuɗi, to ka biya na awa biyu da rabi. Na awa ɗaya da rabi, galibinsa hanyar da kai ma za ka iya bi da motarka ce, ba tare da ka biya ɗan jagora ba.

Sai an san ƙasar wace ce kafin a gane dalili. Wurin ba ya cikin gandayen da gwamnatin tarayyar Amurka ke kula da su. Na al'ummar Nabaho ne, ɗaya daga cikin ƙabilun 'yan asalin Amurka, waɗanda a allunan hanya ake rubuta sunansu Navajo, su kuwa suna kiran kansu Diné. Ƙasarsu ta kai kimanin murabba'in kilomita 71,000, ta ratsa Arizona da Yuta da New Mexico, suna da shugabansu da majalisarsu a babban birninsu Window Rock, da 'yan sandansu da kotunansu. Majalisar ce ta keɓe wannan kwarin a 1958, kuma ma'aikatarsu ta gandaye ce ke tafiyar da shi. Saboda haka katin shekara na shiga gandayen tarayya ba ya aiki a ƙofa. Kuɗin shiga dabam yake, a kan kowane mutum ake karɓa, a 2024 dala 8 aka karɓa, kuma yawanci ba ya cikin kuɗin zagaye. Mutane da yawa sukan tsaya jayayya a ƙofa a kan wannan, alhali da sun karanta takardar da aka aiko musu da sun gani a rubuce.

A cikin kwarin akwai hanyar ƙasa mai tsawon kilomita 27, ana kiran ta Valley Drive, wadda aka yarda baƙo ya bi da kansa muddin bai sauka daga kanta ba. Ba kwalta, gargada ce da rairayi, an taƙaita gudu, kuma ba a barin babura da manyan motocin kwana su shiga. Gangaren farko daga cibiyar baƙi shi ne mafi muni, duwatsu sun fito fili, ƙaramar mota mai ƙasa-ƙasan ciki takan gogu. Ga kuma wata matsalar: yawancin kamfanonin hayar mota a Amurka sun hana hawa hanyar da ba kwalta, in wani abu ya karye inshorar ba za ta biya ba. Wannan kaɗai ya isa ya sa wasu su ɗauki zagayen awa ɗaya da rabi, kuma ga mai irin wannan uzuri ba asara ba ne. Amma bayan wannan hanyar akwai ƙananan hanyoyi da aka kafa musu alamar hani, ba mai shiga sai da ɗan jagora Nabaho mai lasisi. Can ne ƙofofin dutse da kogunan da zanen mutanen da suke. Ƙarin awa guda ɗin nan, kuɗin shiga can kake biya.

Motar da aka fi amfani da ita a-kori-kura ce da aka jera wa bencina a baya aka yi mata rumfa, gefe a buɗe, takan ɗauki mutum goma zuwa goma sha biyu, wasu sun fi haka. Ɗan jagoran shi ne direba. Wasu motocin suna da lasifika yana bayani yana tuƙi, wasu sai an tsaya yake magana. Ka tambayi wannan kafin ka biya, don bambancin ba kaɗan ba ne: a motar da ba lasifika, rabin lokacinka shiru za ka yi kana kallo. Wurin zama ma abin lura ne. Bencin baya yana kan tayar baya ko bayanta, shi ke shan duk wata gargada, kuma ƙurar da motar ta tayar kan juyo ta faɗa masa. Bencin farko, dab da bayan direba, ya fi sauƙi, sai dai kan motar yakan tare gaba. Mai ciwon baya, da mace mai ciki, da tsoho, su nemi rufaffiyar mota mai sanyaya ciki. Kusan duk kamfanonin suna da ita, sau da yawa da ƙarin kuɗi ko a matsayin zagaye na ku kaɗai.

Tafiyar takan fara da gangaren nan, sai tsayuwar farko a gaban duwatsu ukun da kowa ya sani a hoto: West Mitten da East Mitten, masu siffar safar hannu da babban yatsa a ware, da Merrick Butte. Tsayinsu daga ƙasan kwarin ya kusa mita 300. Ɗan jagora nagari zai nuna maka cewa kowannensu hawa uku ne. Gindin da ya baje gangare-gangare dutse ne mai laushi wanda ruwa ke ci da sauri. Tsakiyar da ta miƙe tsaye kamar bango tsohon rairayi ne da ya daskare ya zama dutse. A kai kuma akwai wani siririn ɓawo mai tauri da ke kare na ƙasa. Ruwa da ƙanƙara suna cin gindin, bangon ya rasa madogara ya tsage ya zube falle-falle, shi ya sa gefen yake a tsaye kuma tarin ɓaraguzai ya kewaye ƙasa. Jan launin tsatsar ƙarfe ce a cikin yashin, baƙaƙen layukan da suka gangaro kuma wani ma'adini ne da ya daɗe yana taruwa a inda ruwa ke bi. Da zarar an nuna maka wannan sau ɗaya, za ka riƙa ganin sa a kowane dutse har ƙarshen tafiya.

Daga nan a wuce Elephant Butte da Three Sisters a tsaya a John Ford's Point, tudun da aka sa wa sunan mai shirya finafinan kaboyi wanda ya fara ɗaukar fim a nan a ƙarshen shekarun 1930. Nan ne cunkoso yake. Akwai masu sayar da sarƙoƙi da zobban azurfa da shuɗin dutse, akwai doki da ake hawa a bakin tudun a ɗauki hoto a biya 'yan daloli. Tsayuwar kan ci minti goma sha biyar zuwa ashirin, wanda a ganina ya yi yawa a zagaye gajere. In motar ta ku kaɗai ce, ka roƙi a rage.

Bayan Rain God Mesa ne motar ke barin babbar hanya ta shiga rairayi mai zurfi, daga nan kuma abin ke canjawa. Hayaniyar motocin baƙi ta ɗauke. Tsarin tsayuwa ya danganta da kamfani da yanayin hanya, amma galibi wurare huɗu ne. Big Hogan wani ƙaton kogo ne mai rufin ƙubba da huda a samansa. Ana sa mutane su jingina da bangon dutsen da ya kwanto su kalli sama, sai ka ga siffar kan gaggafa, hudar ita ce idon. A nan yawancin 'yan jagora suke busa sarewa ko su rera waƙa da ƙaramar ganga, kuma ƙubbar tana riƙe sauti ta dawo da shi a cike. Ba kowa ke yi ba, ba kuma dole ba ne a kansa, amma in an yi, shi ne minti biyar mafi daraja a zagayen, don haka a ajiye surutu. Moccasin Arch na kusa, tsayuwa ce ta ɗan lokaci. Sun's Eye huda ce can sama a bango, baƙaƙen layuka sun gangaro daga gare ta kamar gashin ido, a ƙasa kuma akwai zanen tumakin dawa masu manyan ƙaho da aka sassaƙa a jikin dutse. Ba Nabaho suka yi zanen ba. Na mutanen da suka riga su zama ne, kakannin al'ummun Pueblo (wasu ƙabilun 'yan asalin Amurka ne su ma), waɗanda suka bar yankin wajen shekara ta 1300. Kada ka taɓa, maiƙon hannu yana ɓata shi. Na huɗun shi ne Ear of the Wind, ƙofar dutse a saman tudun rairayi. Hawan ba shi da tsawo amma ƙafa tana nutsewa, ga shi wurin yana kimanin mita 1,600 zuwa 1,700 sama da teku, wanda bai saba ba zai ji numfashinsa ya yi sama. Daga ƙasa ma ana ganin ta sarai, ba lallai a hau ba.

A hanyar nan kuma motar kan matsa kusa da Totem Pole, siririn ginshiƙin dutse mai tsayin fiye da mita 100, da jerin Yei Bi Chei a gefensa, ga tudun rairayi mai layi-layi a gaba. Daga Valley Drive ana hango su ne daga nesa. Daga nan kuwa suna tsaye a gabanka.

Yawancin zagayen awa biyu da rabi sukan haɗa da shiga hogan, ɗakin gargajiya da ake ginawa da gumagumai a lulluɓe da jar ƙasa. Ƙofarsa gabas take kallo kullum, kuma in an shiga ta hagu ake zagayawa, yadda hannun agogo ke tafiya. Ciki da sanyi ko da tsakar bazara. Wata dattijuwa ko matashiya takan zauna gaban masaƙa ta nuna yadda ake taje gashin tumaki, a kaɗa shi da dogon mazari da ake murzawa a cinya, a rina da saiwoyi da ganyaye, sannan a saƙa. Nunin ba ya wuce minti goma, kuma an shirya shi ne don baƙi, ba a ɓoye hakan ba. Duk da haka sana'ar ta gaske ce, matan kuma mutanen yankin ne. Akwai kwano ko kwandon tukuici, a sa wani abu, musamman in za a ɗauki hoto, bayan an nemi izini.

Abin da ke raba zagaye mai kyau da na banza shi ne mutumin da ke tuƙi. Wani zai tsaya ya ce wannan raƙumi ne, wancan giwa ce, ku ɗauki hoto, a wuce. Wani kuma a kwarin aka haife shi, zai nuna maka inda kakarsa ke kiwo, ya tsinko ganye ya gaya maka maganin da ake yi da shi, ya faɗi dangoginsa huɗu yana farawa da na uwa, tunda ta uwa suke bin dangi. Ba ka da cikakken iko a kan wanda zai faɗo maka, amma tambaya tana buɗe baki. Ka tambayi yadda gidajen cikin kwarin ke samun ruwa, za ka ji cewa da yawa a tanki suke jido shi da mota, kuma kusan kashi ɗaya cikin uku na gidajen ƙasar Nabaho ba su da famfo. Ka tambayi labarin 1864, lokacin da sojojin Amurka suka kora dubban Nabaho a ƙafa zuwa Bosque Redondo a New Mexico, da yarjejeniyar 1868 da ta ba su damar komawa gida. Ka tambayi haƙar yuraniyom, wadda aka yi a ƙasarsu daga 1944 zuwa 1986 aka bar ramuka fiye da 500, wasu a wannan yankin, har majalisarsu ta haramta haƙar a 2005. Waɗannan ba labaran nishaɗi ba ne a wurinsu, iyayen wasu ne suka mutu da ciwon huhu, don haka a tambaya da ladabi, in aka ga ba ya son zurfafawa a bar shi. Haka al'amuran ibadarsu: akwai abin da ba a faɗa wa baƙo, akwai tatsuniyoyin da sai da hunturu ake ba da su.

Babban abin da ke sa mutane rasa zagayen da suka riga suka biya shi ne agogo. Jihar Arizona ba ta matsar da agogo gaba da awa guda da bazara kamar yawancin jihohin Amurka, ƙasar Nabaho kuwa tana matsarwa. Daga Lahadi ta biyu ta Maris zuwa Lahadi ta farko ta Nuwamba, Monument Valley tana gaban garuruwan Page da Flagstaff na Arizona da awa guda. Wanda ya bar Page da ƙarfe 7 na safe don zagayen ƙarfe 9, yana lissafin tafiyar awa biyu da 'yan mintuna ce, zai iso ya tarar goma ta wuce, mota ta tafi, kuma yawancin kamfanoni ba sa mayar da kuɗi. Wayar hannu ba abin dogaro ba ce a nan, takan yi ta tsalle tsakanin lokutan biyu gwargwadon turken da ta kama. Ka saita ta da hannu a kan lokacin birnin Denver, wanda daidai yake da na ƙasar Nabaho, tun da dare. Ka kuma ƙara rabin awa saboda layin ƙofa, sannan ka tabbatar da wurin haɗuwa, don wasu a gaban otal ɗin The View suke ɗauka, wasu a Goulding's Lodge da ke tsallaken babbar hanya mai lamba 163.

Lokacin yini ma yana da tasiri. Da tsakar rana haske kan sauko a miƙe, jan dutsen ya koɗe, zafi ya kai wajen digiri 35 a Yuli. Awa biyun ƙarshe kafin faɗuwar rana su ne duwatsun ke yin jawur, inuwa ta yi tsawo. Da asuba rana daga bayan Mittens take fitowa ga mai kallo daga cibiyar baƙi, sai a gan su baƙi a gaban jan sama, Three Sisters kuwa hasken safe ne ke faɗa musu a fuska. Sai dai asubar nan da sanyi ko da bazara, a buɗaɗɗiyar mota kuma sanyin ninkuwa yake. Daga Disamba zuwa Fabrairu dare kan sauka ƙasa da sifiri, ƙanƙara kan zuba. Maris zuwa Mayu lokacin iska ne, wata ranar ƙura kan rufe duwatsun kamar hazon hunturu a Kano. Yuli zuwa Satumba hadari kan taso da yamma, ruwa ya cika busassun ƙoramu cikin mintuna, sai a rufe hanyoyin ciki. A waɗannan watannin ka ɗauki na safe, kuma ka tambayi abin da za a yi maka in aka soke ɓangaren ciki bayan an tashi. A wajen ƙarshen Maris da tsakiyar Satumba, na 'yan kwanaki, inuwar West Mitten kan faɗa daidai kan East Mitten da faɗuwar rana, masu hoto kan cika wurin.

Guzuri ba shi da yawa. Ruwa lita ɗaya da rabi ga kowane mutum da bazara, ko da kamfanin ya ce zai bayar. Busasshiyar iskar tana shanye zufa kafin a gan ta, mutum bai ankara ba sai ciwon kai. Hula mai igiya, don wadda ba ta da igiya iska za ta tafi da ita. Tabarau, da mayafi ko takunkumi na rufe hanci, da takalmi sau-ciki, da man leɓe. Fararen kaya za su dawo ja. Mai kyamara kada ya canja gilashinta a buɗaɗɗiyar mota, rairayin gari ne, yana shiga ko'ina. Ya sa ta a jaka mai zif tsakanin tsayuwa da tsayuwa. A shiga bayan gida a cibiyar baƙi kafin a tashi, don na cikin kwarin kaɗan ne, a hanyoyin ciki kuwa babu.

Dokokin wurin a fili suke. An haramta giya a ƙasar Nabaho. Ba a tashin ƙaramin jirgin ɗaukar hoto marar matuƙi, ba a hawan duwatsu, ba a ɗaukar dutse ko tsiro ko guntun tukunyar da. Ba a ɗaukar hoton mutum ko gidansa ko garkensa sai da izini. Gaisuwarsu Yá'át'ééh, godiya Ahéhee'. Musafaha a hankali suke yi ba matsewa, ba sa ƙura wa mutum ido, kuma sun fi nuni da leɓe a kan yatsa, kada ka ɗauki ko ɗaya a matsayin rashin sakin fuska.

Farashi yana motsi daga shekara zuwa shekara da kamfani zuwa kamfani, amma gajerun zagayen galibi tsakanin dala 65 ne da 100 ga babba, kuma tazarar da ke tsakanin na awa ɗaya da rabi da na biyu da rabi ba ta cika wuce dala goma zuwa ashirin ba. Da wannan ɗan ƙarin ne nake ganin ba dalilin tsayawa a gajeren. Tukuicin ɗan jagora kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari ne bisa al'adar ƙasar, a riƙe tsabar kuɗi ƙanana saboda shi da masu saƙa da masu sarƙa. Yin rajista kai tsaye da kamfanin Nabaho ya fi bi ta manyan shafukan dillalai: kuɗin ya fi zama a hannun masu aikin, kuma in hadari ya taso kana da lambar wanda zai amsa. A rumfunan filin mota ana samun wuri a ranar, har a ɗan yi ciniki in ba kasuwa, amma na fitowar rana da na faɗuwarta a riga a kama tun da kwanaki. Ana rufe wurin ranar bikin godiya na Nuwamba, da Kirsimeti, da ranar sabuwar shekara.

Musulmi ya lura da abu biyu. Soyayyen burodin da ake sayarwa ko'ina, wanda ake ɗora wa wake da nama, wasu da man gyaɗa ko makamancinsa suke soya shi, wasu da kitsen alade, don haka a tambaya. Zagayen yamma kuma kan cinye la'asar har zuwa magariba, sai a yi alwala kafin tashi a gaya wa ɗan jagora tun farko ana buƙatar minti biyar a wata tsayuwa. Alƙibla daga can arewa maso gabas take, ta fi karkata arewa.

Wanda ke da rabin yini kaɗai yana auna wannan da Antelope Canyon da ke kusa da Page, ya san abubuwa biyu ne mabambanta. Can matsattsen kwazazzabo ne, a ƙafa ake bi, ayari na bin ayari, ana hanzarta mutane, kuma tun ambaliyar Agusta 1997 da ta kashe baƙi 11 a ɓangaren ƙasa ake rufe shi da zarar an ga alamar ruwa. Hotonsa ya fi ɗaukar ido, amma ba lokacin hira da ɗan jagora. Zagayen can kuma da agogon Arizona ake yin sa duk da a ƙasar Nabaho yake, saboda haka mai haɗa biyun a rana ɗaya da bazara zai samu rarar awa guda in ya fara da Monument Valley, ya yi asarar awa guda in ya fara da Page.